Alhajin Chow Kit da Babina na Biyar

Ni Bakano ne, a Malesiya na yi digirina na uku, kuma a kan Amurkawa na yi shi. Duk wanda na gaya wa haka sai ya tambaye ni ko na taɓa zuwa Amurkan. Ban taɓa ba. Jami'ar da nake koyarwa a gida ce take neman wanda zai riƙa koyar da siyasar ƙasashen waje, gurbin karatun da ya samu kuma na Kuala Lumpur ne, sai na kwashi matata da 'ya'yana biyu muka tare a wani dogon bene a Bukit Jalil, hawa na sha bakwai. Daga can sama nake leƙen masu jefa ƙuri'ar Amurka ta cikin kwamfuta. Shekara uku da rabi ina fama da mutanen da ban taɓa gaisawa da ko ɗaya daga cikinsu ba.

Abin da kundina yake cewa ba shi da wuyar fahimta. Amurka tana da manyan jam'iyyu biyu, waɗanda gidajen talabijin suke yi wa fenti a taswira, ɗaya shuɗi, ɗaya ja. Ni kuma na ce aljihu ne yake raba su: mai ƙaramin ƙarfi yana bin ta shuɗi, mai hannu da shuni yana bin ta ja. Ban sha wahalar yarda da wannan ba, domin da shi na tashi. Mahaifina tela ne a cikin birni, kuma har ya koma ga Allah bai taɓa dangwala wa kowa ba sai jam'iyyar talakawa. A gidanmu an san talaka da tasa, mai kuɗi da tasa. Sai na ɗauki taswirar unguwarmu na shimfiɗa a kan Amurka, na ga ta zauna daidai, na yi hamdala. A babi na biyar, wanda na fi alfahari da shi, har na yi ƙarfin halin cewa ma'aikatan masana'antu na tsakiyar ƙasar ba za su taɓa barin jam'iyyar shuɗi su bi attajirin da jam'iyyar ja ta tsayar ba.

Lokaci kuwa ya ƙure mini. A ƙarshen shekarar 2016 hutun karatun da jami'ata ta ba ni saura wata huɗu ya ƙare, an riga an ƙara mini sau ɗaya, kuma an rubuto mini ƙarara cewa babu ƙari na biyu. Ko dai in kare kundin nan kafin wa'adin, ko in koma Kano hannu rabbana, in shiga ofis ɗaya da yaran da na koyar suna amsa Dakta ni ina amsa Malam.

A cikin wannan hali aka yi sunan ɗan wani abokin karatunmu, ana saura mako biyu zaɓen Amurka. Mu ɗaliban Arewa da ke can muna da tsarinmu na taro. Akan kama zauren da ke ƙasan bene kusa da wurin ninƙaya, mata su dafa shinkafa da tuwo, maza su jera kujeru. Akwai tebur ɗaya a gaba mai farin ƙyalle, kuma mai gabatarwa ne yake kiran waɗanda za su zauna a kansa, kowa da muƙaminsa. Dakta wane. Injiniya wane. Wanda bai gama ba a ce masa Dakta mai jiran gado, a yi tafi. Rannan ni ne mai gabatarwa, don an san ni da baki.

A cikin baƙin akwai wani dattijo da kowa yake ce wa Alhaji. Ba ɗalibi ba ne. Ɗan kasuwa ne da ya daɗe a Chow Kit, wata unguwar kasuwa a cikin birnin, yana sayen hijabai da atamfofin Malayu da takalma yana aikawa Kano, a dawo masa da kuka da daddawa da kuɓewa busasshiya. Duk matar ɗalibin da ta kaɗa miyar kuka a Kuala Lumpur, daga shagonsa ta fito. Ragon sunan ma shi ya je wani ƙauye a bayan gari ya samo, ya tsaya aka yanka, ya kawo a motarsa. Bai yi boko ba ko na kwana ɗaya, amma yana jin Malayanci fiye da mu duka, kuma motar da yake hawa babu ɗayanmu da ya taɓa mafarkinta.

Na kira mutum tara zuwa teburin gaba. Ban kira Alhaji ba. Wallahi ba da gangan na yi ba, kuma wannan ne ya fi muni a cikin lamarin: ko a raina bai zo ba. Takardar da ke hannuna ta masu muƙami ce, shi kuwa ba shi da abin da zan karanta a gaban sunansa. Ya samu kujera a baya kusa da kulolin abinci ya zauna.

Bayan an ci an sha hira ta koma kan zaɓen Amurka, aka juyo kaina tunda ni ne gwanin. Na gyara zama na fara zuba. Ina cikin bayani sai muka ji muryar Alhaji daga baya.

"Malam, attajirin nan mai surutu shi zai ci fa."

Aka kwashe da dariya. Wani Injiniya ya ce, "Haba Alhaji, be serious mana." Ni kuma, maimakon in amsa masa da Hausar da ya yi mini magana da ita, sai na juya harshe. Na yi kusan minti biyar ina zazzaga Turanci, ina kawo alƙaluma, ina kallon teburin gaba ba shi ba. Da na gama aka tafa mini. Alhaji kuwa yana nan a kujerarsa ta baya. Ya jira aka shafa fatiha, ya yi wa mai jego barka, ya tafi.

Muna shiga gida matata ta ajiye kular hannunta ta dube ni.

"Malam, yau ka ba ni kunya."

"Da na yi me?"

"Naman mutum yana cikin bakinku kuna yi masa dariya. Kuma ka rasa yaren da za ka amsa masa sai wanda ba ya ji."

Na ce mata ita ba ta san harkar ilimi ba. Ta ce haka ne, ba ta sani ba, ta shige kicin. Ina da saurin fushi, kuma na fi yin sa idan na san an fi ni gaskiya, don haka kwana biyu ina kumbure-kumbure.

Sakamakon zaɓen da rana tsaka ya same mu, ranar Laraba, saboda bambancin lokaci. Ina zaune a shagon mamak na kusa da makaranta, irin shagunan Indiyawa Musulmi da ake shan shayi, na sa an kawo mini roti, wato gurasarsu, da shayin madara, ina kallon talabijin ɗin da ke maƙale a bango. Da hantsi ina murmushi. Kafin azahar murmushin ya ɗauke. Jihohin masana'antun nan da na rantse a kansu a babi na biyar, ina ji ina gani, suka riƙa rikiɗewa suna komawa ja ɗaya bayan ɗaya. Wajen la'asar aka gama magana, attajiri ya ci. Aka kece da ruwan sama irin na Nuwamba, ni kuwa ina zaune gumi yana bin bayana. Shayin ya huce ban kurɓa ba. Mutane a duniya suna jimamin abin da zai faru da ƙasashe, ni babina kawai nake tunani, kuma ban ji kunyar hakan ba a lokacin.

Washegari na je wurin malamar da take duba aikina, wata Farfesa Bamalaya, 'yar ƙaramar mace mai sanyin murya wadda ba ta taɓa ɗaga mini harshe ba. Ta riga ta buɗe kundin a babi na biyar.

"Wannan babin, cannot lah," ta ce. Wato ba zai yiwu ba.

Na fara kame-kame, ina cewa zaɓe ɗaya ba ya rushe nazarin shekaru. Ta bar ni na gama. Sannan ta ce masu jarrabawa za su zo da wannan sakamakon a bakinsu, kuma tambayar farko da za su yi mini ita ce me ya sa ma'aikatan suka bi attajiri. Idan ba ni da amsa daga cikin alƙalumana, za su ce in sake aikin, wannan kuwa shekara guda ce cur. Ta san ba ni da shekara. Ta ba ni mako shida.

Mako biyu na farko a banza suka tafi. Kullum da safe in hau jirgin ƙasa in tafi ɗakin karatu, in buɗe alƙaluman, in raba mutane gida-gida bisa abin da suke samu, in sake rabawa, amsar ta ƙi fitowa. Mafi talauci a cikinsu har yanzu suna tare da shuɗi, to su wane ne suka gudu? Na daina cin abincin kirki. Na fara tsara yadda zan gaya wa mahaifiyata a waya, har na zaɓi kalmomin. Tsoro nake ji sosai, irin wanda ban taɓa ji ba tun ina yaro.

Ranar wata Asabar matata ta ce kuka ta ƙare.

"To ki je ki sayo mana."

"Ni? Da wane idon zan kalli Alhaji? Wanda ya ɓata shi zai je."

Na san kukar ba ta ƙare ba, domin na ga rabin gwangwani a kan kanta da safen nan. Amma na sa hulata na fita.

Chow Kit ranar Asabar ba wurin mai sauri ba ne. Na sauko daga jirgin ƙasan nan mai bin kan gada na ratsa ta cikin kasuwar kifi, ƙasa jiƙe, ana ta turereniya, warin ɗan itacen nan nasu durian yana dukan hanci. Shagon Alhaji yana wani lungu a hawa na biyu, an tara dilolin kaya har rufi, kowanne an rubuta sunan mai shi da baƙar alƙalami. Na same shi a zaune kan dila yana cin shinkafa a takarda, ƙaramar talabijin tana yi a gefe ba murya. Na yi sallama, na tsuguna na gaishe shi yadda ya kamata tun farko. Na ce na zo ba da haƙuri.

"Haƙurin me, Malam? Zauna. Ka makan? Ka ci abinci?" Ya tura mini takardar shinkafar.

Na ce na ƙoshi. Na yi ta kewaye-kewaye, daga ƙarshe dai na sauke girman kan na tambaye shi abin da ya kawo ni bayan haƙurin.

"Alhaji, don Allah yaya aka yi ka sani? Son mutumin kake yi?"

"Ni? Mutumin da ya ce a hana Musulmi shiga ƙasarsa? Allah ya kiyaye. Ban ce ina sonsa ba, cewa na yi zai ci."

Ya nuna talabijin ɗin da cokali.

"Ka ga wannan? Ba na jin abin da suke faɗa, don haka nake kashe muryar, in kalli mutane. Wata da watanni ina kallon masu zuwa taronsa. Na ga hannuwansu, hannun masu aiki ne, irin na makanikai da direbobi. Amma ba matsiyata ba ne, Malam. Dubi motocin da suke zuwa da su. Waɗannan sun ci sun ƙoshi. To sai a gama nuna su, a dawo da hoto kan masu karanta labarai, masu kwat ɗin nan, sai in ga suna wani ɗan murmushi suna kallon juna. Ni kuwa na san wannan murmushin. Shekara ashirin ana yi mini shi."

Na sunkuyar da kai.

"Ba don kai na faɗa ba," ya ce, "ko da yake har da kai. Mutum zai haƙura da yunwa, ya haƙura da rashi. Amma wanda ya ci ya ƙoshi, ya gina gida, ya aurar da 'ya'ya, sannan yaro ya zo ya nuna masa shi ba kowa ba ne don bai zauna a aji ba, wannan ba ya mantawa. Ranar da aka ba shi ƙuri'a, ba aljihunsa zai duba ba. Zai duba wa masu murmushin nan suka fi ƙi, ya dangwala masa. Ko da kuwa shi ma zai sha wuya daga baya."

Na ce masa amma a Kano talakawa jam'iyyarsu suke bi, mahaifina ma haka ya yi har ya rasu. Ya tambaye ni sana'arsa, na gaya masa.

"Tela a cikin birni, a wancan zamanin? Ya taɓa barin ku da yunwa?"

"A'a."

"To ba yunwa ce ta kai shi ba. Ka tuna da kyau."

Na kuwa tuna, ina zaune a kan dilar hijabai. Mahaifina bai taɓa yi mana zancen farashin hatsi idan yana maganar siyasa ba. Labari ɗaya yake maimaitawa, na ranar da ya je wani ofis neman takarda, akawu sa'an ƙaninsa ya bar shi a tsaye tun safe, sannan ya yi masa magana da Turanci a gaban mutane. Na ji labarin nan ya fi sau ɗari, ban taɓa sa shi a lissafin siyasa ba.

Na karɓi kukar da ba a buƙata na koma gida. Ranar Litinin tun da sassafe ina ɗakin karatu. A cikin alƙaluman da nake aiki da su akwai wani layi da yake nuna iya karatun kowane mutum, ko ya yi jami'a ko bai yi ba. Shekara uku yana nan a gabana. Na sa shi a gefe tun farko a matsayin abin da ba shi ne kan magana ba, kamar yadda ake ture tsakuwa idan ana tsintar shinkafa. Rannan na jawo shi tsakiya. Na ajiye aljihu, na raba mutanen da takardar makaranta.

Kafin azahar abin ya fito, kuma ya fito fili yadda ko makaho zai shafa. A tsakanin fararen fata, waɗanda suka yi jami'a suna ta matsawa wajen shuɗi, waɗanda ba su yi ba suna ta matsawa wajen ja, ko da abin hannunsu ɗaya ne. Kuma ba a wannan zaɓen aka fara ba. Tsagin ya daɗe yana buɗewa a hankali cikin alƙaluman da ni da kaina na tara, ban gani ba don ba shi nake nema ba. Ba zan ce ya warware komai ba. Baƙaƙen fata ma'aikata ba su bi wannan hanyar ba, addini da zaman ƙauye ma suna da nasu hannun, kuma duk na rubuta haka. Murmushin da Alhaji ya gani ma babu layinsa a cikin alƙaluma, ba zan iya auna shi ba. Amma na samu amsar tambayar da za a yi mini, daga cikin aikina, ba sai na sake shi daga tushe ba.

Na tashi na shiga banɗakin ɗakin karatun na wanke fuska, na tsaya ina dariya ni kaɗai. Wani ɗalibi Basine ya shigo ya gan ni ya juya da sauri. Rabon da in ji yunwa irin ta ranar har na manta. Na sauka na ci shinkafa faranti biyu, na sa aka yi mini tapau na uku, wato aka ƙunsa mini, na kai gida.

Mako uku na yi ina rushe babi na biyar ina sake gina shi, na gyara na ɗaya da na ƙarshe su dace da shi. Farfesa ta karanta a gabana, tana juya shafi, ni kuwa ina kallon yatsunta. Da ta kai ƙarshe ta cire tabarau.

"Boleh," ta ce. Wato ya yiwu. Ban taɓa jin kalma mai daɗinta ba.

An kira ni kare kundi saura kwana goma sha ɗaya wa'adina ya cika. Kamar yadda Farfesa ta faɗa, mai jarrabawar da aka gayyato daga wata jami'a bai ɓata lokaci ba, tambayarsa ta farko a kan ma'aikatan da suka bi attajiri ce. Na amsa ba tare da na duba takarda ba. Ya gyaɗa kai, sannan ya tambaye ni a wane littafi na samo tunanin raba su ta hanyar karatu. Na ce masa ba a littafi ba ne, wani ɗan kasuwa ne a Chow Kit ya nuna mini. Suka yi dariya, sun ɗauka barkwanci nake. Na ce musu da gaske nake, kuma wannan karon ban taya kowa dariya ba. Aka ce in fita in jira. Minti ashirin na yi a baranda ina karanta duk addu'ar da ta zo bakina. Da aka kira ni, Farfesa ce ta fara yi mini murmushi tun kafin shugaban zaman ya buɗe baki. Na ci, da 'yan gyare-gyare na mako biyu.

Na kira matata. Ta yi guɗa a waya har sai da na janye ta daga kunnena, sannan ta ce kada in zo gida tukuna, na san inda ya kamata in fara zuwa. Ban yi mata musu ba.

Na same shi yana ɗaure dila, igiya a baki. Na gaya masa. Ya saki igiyar ya ɗaga hannu ya yi mini addu'a mai tsawo, har da mahaifina a ciki, idona ya cika da ƙwalla. Da ya shafa sai ya dube ni ta gefen ido.

"To yanzu ka zama Dakta ke nan?"

"Saura 'yan gyare-gyare, Alhaji. Nan da mako biyu."

Ya jawo wata dila da ƙafa ya tura mini, ya buɗe takardar shinkafarsa ya ajiye a tsakaninmu.

"To zauna mu ci tare kafin ka zama."